Tsofaffin Kalmomin Sakkwato: Ma'anarsu, Furucinsu da Tarihinsu

Kwanakin baya mun zauna a wani zaure da ke kusa da Hubbaren Shehu a cikin birnin Sakkwato, mu da wani dattijon malami, muna duba wata tsohuwar waƙar wa'azi da wani ɗalibi ya juyo daga ajami zuwa boko. Ɗalibin yana karantawa, malam yana saurare ido a rufe, har aka kawo wani baiti inda ya ce "ajiya". Nan take malam ya ɗaga hannu ya ce a koma. Aka koma, ɗalibi ya sake cewa "ajiya". Sai malam ya sa aka ɗauko asalin takardar, ya nuna mana cewa wasalin da ke kan gaba kisira ce, kalmar kuwa "ijiya" ce, wato ido. Ɗalibin bai taɓa jin wannan kalma ba, saboda haka ya ɗauka kuskure ne na mai kwafi, ya gyara. Da wannan gyara nasa, baitin da ke maganar zubar da hawaye ya koma maganar adana kaya.

Abin da ya fi tayar mana da hankali shi ne, wannan ɗalibi haifaffen Sakkwato ne, kakarsa ma wataƙila da ijiya ta san ido. Wannan ne ya sa muka ga ya dace mu ɗan waiwayi tarihin irin waɗannan kalmomi da yaranmu ke ganin baƙi ne: daga ina suka fito, yaya ake furta su, me suke nufi, kuma me za mu rasa idan muka bar su suka bi tsofaffinmu kushewa.

Yadda birnin ya tara bakuna

Sakkwato ba tsohon birni ba ne idan aka gwada shi da Kano ko Katsina. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya yi hijira daga Ɗegel zuwa Gudu a shekarar 1804, aka gwabza a Tabkin Kwatto a cikin wannan shekara, Alƙalawa ta faɗi a 1808, sannan Muhammadu Bello ya kafa Sakkwato a 1809. Shehu ya taso daga Sifawa ya dawo cikinta a 1815, ya rasu a 1817. Wurin da aka kafa birnin kuwa yana tsakanin tsofaffin ƙasashen Gobir da Kabi da Zamfara, ga Adar daga arewa. Don haka mutanen da suka cika shi Gobirawa ne da Zamfarawa da Kabawa da Adarawa, ga Fulani, ga Buzaye, kowa ya zo da bakinsa. Daga wannan cuɗanya ce abin da muke kira Sakkwatanci ya ginu, kuma shi ya sa har yau Basakkwace ya fi jin Hausar Tawa da Ƙwanni da Maraɗi kusa da tasa a kan Hausar Kano ko Zariya.

Bayan haka, birnin ya tashi ne a hannun malamai masu rubutu da harsuna uku. Larabci shi ne harshen littafi da wasiƙa da shari'a. Fulatanci shi ne harshen gidan Shehu. Hausa kuwa ita ce harshen kasuwa da wa'azi ga jama'a. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864, ta yi rubutu da dukkan ukun, ita da ɗan'uwanta Isa kuma sun mayar da waƙoƙi da dama daga Fulatanci zuwa Hausa domin talakawa su amfana. A wannan hanya kalmomi da yawa suka ƙetaro. "Hubbare" da muka ambata a sama daga kalmar Larabci "ƙubba" take, amma sai da ta bi ta bakin Fulani kafin ta iso gare mu. "Modibbo" ma haka take, asalinta "mu'addib", wato mai ladabtarwa, mai koyarwa. "Ribaɗi", irin wanda Bello ya zauna a Wurno har ya rasu a 1837, gari ne na tsaron iyaka. "Sa'i" a asali mai tattara zakka ne, kafin ta zama sarautar da muka sani. "Jaji" kuwa tsohuwar kalmar Hausa ce ta jagoran ayari, Nana Asma'u ta ɗora ta a kan matan da take naɗawa da malfa su jagoranci 'yan taru daga ƙauyuka zuwa wurinta ɗaukar karatu.

Abin da ajami ya bari a baki

Duk waɗannan waƙoƙi da ajami aka rubuta su, ajami kuwa yana da halinsa. Baƙaƙen Larabci ba su da ɓ, ba su da ts, ba su da c, ba su da g, sai dai malamai suka yi dabara suka ari wasu baƙaƙe ko suka ƙara ɗigo. Sau da yawa b da ɓ da harafi ɗaya ake rubuta su, ta yadda "bari" da "ɓari" za su fito iri ɗaya. Rufu'a ɗaya ce ke tsayawa a madadin u da o. Wasalin e kuwa ɗigon imala ne a ƙarƙashin harafi, wanda idan gara ta taɓa takarda ko tawada ta dushe, shi ke nan ya tafi. Karin sauti, wato hawa da saukar murya, ba a nuna shi ko kaɗan.

Magabatanmu ba su damu da wannan ba, domin kuwa takarda a wurinsu abin tuni ce kawai. Ɗalibi yakan ji waƙa daga bakin malaminsa, ya hardace ta da rauji, sannan ya kwafe ta. Furucin yana cikin kunnensa tun kafin ya ga rubutun. Yanzu da silsilar nan ta baki da baki ke tsinkewa, takardar ce kaɗai ta rage, ita kuwa ba ta magana.

Kada mai karatu ya zaci boko ya tsira daga wannan matsala. A ɗauki kalmar "bara". Idan aka ja wasalin farko aka sauke murya, shekarar da ta wuce ake nufi. Idan aka gajarta shi aka kaɗa harshe sau ɗaya, yaron gida ke nan, baran sarki. Idan kuma aka gara harshe, almajiri ne ya fita da ƙoƙonsa. Masana suna kiran waɗannan sautuka biyu ra-kaɗe da ra-gare, amma rubutunmu na yau da kullum da harafi ɗaya ya san su. Idan haka ta faru ga kalmar da kowa ya sani, ina ga kalmar da mai karatu bai taɓa ji an furta ba?

Wa ya sauya, wa ya riƙe?

Akwai wani zato da ya daɗe a makarantunmu na boko, cewa Basakkwace yana karya Hausa ne idan ya ce "zamna" a maimakon "zauna", ko "amre" a maimakon "aure". Tarihin harshe bai goyi bayan wannan zato ba. A shekarar 1928 wani masani Bajamushe mai suna August Klingenheben ya wallafa nazari a kan yadda baƙaƙen da ke rufe gaɓa suka raunana a Hausa, har yau kuma masana na kiran abin da sunansa. Abin da ya nuna shi ne, a Hausar gabas baƙaƙen leɓe irin su b da m da ke ƙarshen gaɓa sun narke sun koma u, alhali a Hausar yamma sun tsaya yadda suke.

Ba sai mun je Jamus neman shaida ba, tana cikin bakin Bakano kansa. Yana cewa "zauna", amma yana cewa "zama". Yana cewa "aure", amma matar da aka kawo "amarya" ce. Yana cewa "ɗaure", amma ɗan dambe "ɗamara" yake yi. Wannan m da ta ɓuya a wuri ɗaya ta fito a wani, ita ce Basakkwace ya riƙe a "zamna" da "amre" da "ɗamre". Haka abin yake a "sabro" da "sabka" da "abduga" da "tabshi" da "ƙamna". Haka kuma "tumkiya", wadda jam'inta "tumaki" ya tabbatar da m ɗinta, da "biyat" wadda ta zama "biyar" a gabas. Hatta ƙofofin birninmu suna ba da shaida, domin itacen da wasu ke kira tarauniya shi ne ya ba Ƙofar Taramniya sunanta. "Tadawa" da tsofaffin almajiranmu ke faɗi ta fi kusa da kalmar Larabci "dawat" a kan "tawada" da muke rubutawa, wadda gaɓoɓinta suka yi musayar wuri.

Adalci ne mu faɗi cewa ba a ko'ina Sakkwatanci ke riƙe da tsohon fasali ba, shi ma yana da nasa sauye-sauyen da nasa ɗabi'un. Yana son nanata baƙi, shi ya sa ake jin "hulla" da "kassuwa" da "kwaɗɗo" da "mallam". Yana sa l inda wasu ke sa r, kamar a "halshe". Ba ya son f: kafin wasalin a sai ta zama hw, kamar "hwara" da "hwaɗi" da "ƙahwa", kafin sauran wasula kuwa h ce zalla, kamar "tahi" da "kihi" da "huska". Akwai kuma kalmomin da ake zagaye leɓe wajen furta su, irin "swahe" da "ɗwaci". Wanda ya san waɗannan 'yan ƙa'idoji zai ga rabin kalmomin da yake ɗauka baƙi ne ashe 'yan gida ne da suka sake riga.

Tarkon "suka" da "sunka"

A nan ne muke roƙon 'yan'uwa marubuta da manazarta su ƙara natsuwa, domin wannan tarko ya fi na ijiya haɗari. A Sakkwatanci, idan aiki ya riga ya wuce cewa ake yi "munka", "kunka", "sunka", "anka", a tilo kuma a nanata baƙin farko na aikatau, kamar "yaz zaka", wato ya zo, ko "tat tahi". To amma "muka" da "suka" da "aka" su ma suna nan, sai dai aikinsu daban ne: suna nufin "muke" da "suke" da "ake". Idan tsohon marubuci na Sakkwato ya ce "abin da suka yi", yana nufin abin da suke yi a lokacin da yake magana. Mai karatu da ya tashi da daidaitacciyar Hausa zai ɗauka labarin abin da ya wuce ake ba shi. Malami yana kuka da halin mutanen zamaninsa, sai a mayar da shi mai ba da tarihin mutanen da. Babu harafi ɗaya da aka canza, amma ma'ana ta juya baya.

Masu "gyara" kuma suna yin wata ɓarnar ga karin waƙa. Waƙoƙin ƙarni na 19 a kan ma'aunin aruli aka gina su, irin su Basiɗ da Kamil da Wafir, inda ake lissafin gaɓa mai nauyi da marar nauyi. "Munka" gaɓa ce mai nauyi da marar nauyi, "muka" kuwa marasa nauyi ne guda biyu. "Ɗiya" gaɓa biyu ce, "'ya" gaɓa ɗaya. "Wanga" da "wannan" ba nauyinsu ɗaya ba. Duk wanda ya musanya ɗaya da ɗaya ya karya ƙafar baiti, daga baya kuma wani manazarci ya zo ya ce mawaƙin ne bai iya aruli ba.

Kalmomin da suka tafi da kayansu

Wasu kalmomin ba bambancin karin harshe ya ɓatar da su ba, abin da suke suna ne ya bar duniya. Babban misali shi ne lissafin kuɗi. Kafin zuwan Turawa da wuri ake ciniki a kasuwar Sakkwato, "kuɗi" ma jam'in wuri ne a asali, kuma ita wannan ijiya tamu akan kira wuri guda da ita. Masu ƙirga wuri suna da kalmominsu. "Hauya" ashirin ce, ban da hauyar noma. "Gomiya" ita ce goma-goma, ta yadda gomiya tara ke nufin casa'in. "Zangu" ɗari ce. "Zambar" ana sa ta gaban dubbai, zambar goma dubu goma ke nan. "Keso" kuwa, wanda a yau tsohuwar tabarma kawai muka sani, buhun tabarma ne mai cin wuri 20,000. Larabci ya kawo nasa: metan 200, arbaminya 400, hamsaminya 500, alif 1,000. Wanda ya ci karo da keso goma a cikin tsohuwar takardar gado ko ta bashi, idan bai san wannan ba, zai yi mamakin yadda mutane ke shari'a a kan tsummokaran tabarmi.

Bayan Turawa sun ci Sakkwato ranar 15 ga Maris 1903, kuɗinsu suka kori wuri sannu a hankali, suka zo da nasu sunaye: anini, ɗari, kwabo, ahu, taro, sisi, nai, sule, fam. Yawancinsu ma da Naira ta shigo a farkon 1973 sai suka bi sahun zangu. Yaro a yau zai ce ba shi da ko sisi, ko ya ce abu bai kai anini ba, alhali bai san sisi kwabo shida ba ne, anini kuwa kashi ɗaya cikin goma na kwabo. "Dala" ta fi su tsawon rai. Ta fara ne a matsayin sunan azurfar nan mai hoton sarauniya Mariya Tariza, ta zama sule biyu a Nijeriya, a Nijar kuwa har yau tana nufin sefa biyar.

Haka zauren karatu yake da nasa: "gafaka", jakar fata ta rataya Alƙur'ani, da "tadarishi", bangon fata da ake naɗe warƙoƙin littafi a ciki. Fagen fama yana da "lifidi", rigar auduga mai kauri ta doki da mahayinsa, da "sulke" na ƙarfe, da "humusi", kashi ɗaya cikin biyar na ganima. Sai kuma kalmomin gida da har yanzu ake ji a bakin tsofaffi da mutanen karkara: "habɗi" toka, "bisashe" dabbobi, "mussa" kyanwa, "dauri" zamanin da, "awa" kamar, "baicin" ban da, "ishe" tarar, "shina" sani.

Masu ƙamus da daidaitacciyar Hausa

Yaya aka yi waɗannan kalmomi suka koma gefe? Amsar tana cikin tarihin boko. Ƙamusun J.F. Schön na 1876 ya dogara ƙwarai ga bakin Dorugu, yaron ƙasar Damagaram da ya bi Barth zuwa Ingila. Na C.H. Robinson ya fito a ƙarshen wannan ƙarni. Sakkwato ta sami babban rabo a aikin Frank Edgar, Litafi na Tatsuniyoyi na Hausa, mujalladi uku da aka buga tsakanin 1911 da 1913, domin tushensa takardun ajami ne da Manjo Burdon, Razdan na Sakkwato, ya sa malamai suka rubuta. Wanda ya buɗe shi zai tarar da Hausar yamma jingim.

Amma a 1912 Hanns Vischer, wanda aka fi sani da Ɗan Hausa, ya fitar da ƙa'idojin rubutun boko daga makarantarsa ta Nasarawa a Kano. Daga nan hukumar talifi ta Zariya a ƙarƙashin Rupert East, da jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo da ta fara fitowa a 1939, da Hukumar Harshen Hausa da aka kafa a 1955, duk suka tafi a kan Hausar da ta fi kusa da Kananci. Ba mu ga laifin wannan ba, domin dole al'umma ta sami hanyar rubutu guda da kowa zai karanta. Inda aka yi kuskure shi ne a cikin aji, inda aka riƙa nuna wa ɗan Sakkwato cewa abin da ya ji a bakin uwarsa ƙauyanci ne, ana ja masa jan layi a ƙarƙashinsa, ba tare da an gaya masa cewa wani abin ma ya girmi wanda ke cikin littafi ba.

Mutumin da ya fi kowa yi wa waɗannan kalmomi hidima a wancan zamani shi ne G.P. Bargery, wanda ƙamusunsa ya fito a 1934 da kalmomi kimanin 39,000. Ya yi shekaru yana zagaya ƙasar Hausa yana tambaya, ya nuna tsawon wasali da karin sauti, ya bambanta ra biyun nan, kuma ya sa alama a gaban kalma don a san ta Sakkwato ce ko ta Katsina ko ta Gobir. R.C. Abraham ya biyo da nasa a 1949. Sai a 2006 Jami'ar Bayero ta fitar da Ƙamusun Hausa wanda ya yi bayanin Hausa da Hausa. Duk da haka, har yau idan kalmar Sakkwatanci ta gagare mu, wurin Bargery muke komawa, mu nemi ma'anar maganar kakanninmu cikin Ingilishi.

Waɗanda suka riƙe furucin da kansa kuwa makaɗa ne. Ibrahim Narambaɗa na Sarkin Gobir na Isa, da Salihu Jankiɗi makaɗin Sarkin Musulmi Abubakar na Uku, da Musa Ɗanƙwairo wanda ya rasu a 1991, da Ɗan Anace na 'yan dambe, ba su taɓa daidaita bakinsu don wani ba. Faya-fayansu da gidajen rediyo suka ɗauka su ne ƙamusun da ke magana. A cikinsu ne za a ji inda ake jan wasali, da inda ake nanata baƙi, da inda murya ke hawa.

Kammalawa

Kayan aiki dai muna da su. Akwai takardu a gidan adana tarihi da ke ɗauke da sunan Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, akwai su a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da aka kafa a 1975, akwai kuma waɗanda ke cikin tadarishi a gidajen malamai daga Sakkwato har Wurno da Gwandu. Abin da ke ƙarewa shi ne masu karanta su da baki.

Shawararmu ga masu juya ajami zuwa boko ita ce su rubuta abin da suka gani yadda yake, bayani ya zo a ƙasan shafi. Kalmar da ba ka sani ba, kada ka gyara ta, ka tambaya. Ga ɗalibai kuma, kowa a yau yana da na'urar ɗaukar murya a aljihunsa, to a je a zauna gaban tsofaffi, maza da mata, musamman jajis na 'yan taru da har yanzu ke rera waɗannan waƙoƙi, a ɗauki kalma da furucinta da jimlar da aka sa ta a ciki. Ga jami'o'inmu, lokaci ya yi da za a yi ƙamusun Hausar yamma da Hausa, mai nuna karin sauti da tsawon wasali. Mu kuma marubuta ƙagaggun labarai, idan muka kawo tsohuwa Basakkwata a cikin littafi, mu bar ta ta yi magana da bakinta, kada mu mayar da ita abin dariya.

Da za mu tashi daga zauren nan, ɗalibin ya tambayi malam ko akwai sauran wuraren da ya yi irin wannan gyara. Malam ya ce ya dawo bayan la'asar da takardun gaba ɗaya su bi su baiti-baiti, ya kuma zo da alƙalami. Allah ya ƙara wa dattijanmu lafiya da nisan kwana, ya ba mu ikon tambayarsu tun suna amsawa.